Fadamar da Kwana Ba Ya Ƙirguwa: Jigon Ɓatan Lokaci a Labaran Hausawa, da Misali daga Yankin Rurum

1.0 Gabatarwa

Daga cikin labaran da Hausawa kan bayar game da iskoki akwai wani rukuni wanda ba a cika ware shi a dube shi shi kaɗai ba. Shi ne labarin mutumin da ya shiga wata fadama ko wani kurmi, ya yi zaman da a ganinsa bai wuce wuni ɗaya ba, amma da ya fito sai ya tarar shekaru sun shuɗe, tsararsa sun ƙare, gidansu ya zama kufai. A cikin wannan maƙala za a kira wannan jigo da sunan ɓatan lokaci.

Ita wannan fadama ƙagaggiya ce, babu ta a taswira, kuma duk wanda ya ba da labarinta yakan ce tana can gaba da inda shi ya taɓa kaiwa. Amma akwai tambayar da ta cancanci amsa, watau me ya sa mai ƙaga labarin ya zaɓi fadama, ya bar tudu da kasuwa da cikin gari? Manufar maƙalar ita ce ta nuna cewa wannan zaɓi yana da tushe a wurare biyu: yadda Bahaushe yake ƙirga lokaci a harshensa, da kuma yadda fadama ta gaskiya take saɓa wa wannan ƙirga. An ɗauki yankin Rurum a matsayin misali saboda ƙasa ce da tudu da fadama suke kafaɗa da kafaɗa, kuma ƙasa ce da ruwa ya sauya wa kamanni a idon mutanen da har yanzu wasunsu suna raye.

2.0 Yankin Rurum: Tudu da Fadama

Rurum Tsohon Gari tana cikin Ƙaramar Hukumar Rano, a kudancin Jihar Kano, kuma tana da 'yar'uwa mai suna Rurum Sabon Gari. Ita Rano ɗaya ce daga cikin Hausa Bakwai, ita da Kano ake kira sarakunan baba saboda sana'ar rini. Ƙasar Rano da ta maƙwabciyarta Kibiya ƙasa ce mai duwatsu, kuma tana samun ruwan sama fiye da arewacin jihar. Idan damina ta zauna, ruwa yakan gangaro daga kan duwatsun ya taru a kwaruruka, ya ajiye baƙar laka, sa'an nan abin da ya rage ya bi ƙoramu ya wuce.

Manomin irin wannan ƙasa yana da kalmomi daban-daban na rarrabe wuraren ruwa, kuma wajibi ne manazarci ya kiyaye su. Fadama ita ce ƙasa mai kwari wadda ruwa kan kwanta a kanta da damina, ta riƙe danshi har cikin rani. Dausayi shi ne wuri mai lema da ɗanyar ciyawa inda dabbobi kan sami kiwo bayan ko'ina ya bushe. Kurmi shi ne duhuwar itatuwa da ke bin bakin ruwa. Tafki ruwa ne tsayayye, rafi da ƙorama kuwa masu gudu ne. Kishiyar waɗannan duka shi ne tudu, inda ake noman gero da dawa da gyaɗa da wake, kuma a nan ake gina gari. A fadama kuwa shinkafa ake yi da rake da gwaza da kayan lambu. Mutum yakan je fadama ya yi aiki ya dawo, amma ba a kafa gida a cikinta. Saboda haka fadama wuri ne da ke tsakanin gida da daji: ana noma ta kamar gona, ana kuma shakkarta kamar dawa.

3.0 Surar Labarin

Labarin yakan zo da fuskoki iri-iri, amma ƙashin bayansa ɗaya ne. Ga surarsa a taƙaice, an tsara ta da kalmomin mai wannan maƙala.

Wai wani magidanci ne saniyarsa ta ɓace, ya bi sawunta da rana tsaka har ya kai bakin wata fadama. Ya kutsa cikin duhuwa, sai ya tarar da wani gari wanda bai taɓa sanin da shi ba, ga kasuwa tana ci. Aka yi masa maraba, aka kawo masa fura ya sha, ya kishingiɗa a inuwa don ya ɗan huta. Da ya farka sai ya ga rana tana nan inda ya bar ta. Ya yi sallama, ya kama hanyar gida. Da ya iso sai ya kasa gane ƙofar gidansa. Dashen da ya bari bai kai gwiwa ba ya zama itacen da ake zaman hira a ƙarƙashinsa. Ya tambayi matarsa, aka ce ta yi takaba, ta yi wani aure, ta ma rasu. Ya faɗi sunansa, sai wani tsoho mai furfura ya ce sunan mahaifinsa ke nan, wanda ya fita neman saniya bai dawo ba. Ya sa hannu a aljihu ya fito da kuɗi, aka ce an daɗe da daina karɓar irinsu.

Idan aka warware wannan labari za a ga matakai biyar. Na farko dalilin shiga, wanda kullum ƙaramar bukata ce ta yau da gobe. Na biyu keta doka, domin an san al'adar Hausawa ta hana zuwa bakin ruwa ko gindin tsamiya da rana tsaka ko da almuru. Na uku karɓar baƙunci, watau ci ko sha daga hannun mutanen ɓoye. Na huɗu fitowa. Na biyar shaidar da za ta tabbatar wa mutumin da kuma mai sauraro yawan abin da ya wuce.

Shaidun nan ba na banza ba ne, ma'auni ne da mai sauraro ya sani. A fiƙihun Malikiyya, wanda shi ake bi a ƙasar Hausa, matar wanda ya ɓace a ƙasar Musulmi takan kai ƙara, alƙali ya ɗiba mata shekara 4 bayan an yi bincike, sa'an nan ta yi idda ta wata 4 da kwana 10. Dukiyarsa kuwa ba a raba ta sai an kai shekarun da ake kyautata zaton tsararsa sun ƙare. Saboda haka da zarar mai labari ya ce an raba gado, mai sauraro ya san ba maganar shekara 5 ko 10 ake yi ba. Haka nan kuɗi. Ƙasar Hausa ta ga zamanin wuri, ta ga sule da fam na Turawa, ta kuma ga naira daga 1973, don haka kowane zamani yana da tsabar da zai sa a aljihun ɓataccen.

Wani abin lura shi ne wannan labari bai dace da zubin tatsuniya ba. Tatsuniya takan buɗe da "ga ta nan ga ta nanku", ta rufe da "ƙurunƙus", kuma a tsakanin waɗannan biyu babu mai ƙirga wa Gizo shekaru. Inda ba a ƙirga lokaci kuwa ɓatansa ba zai zama abin mamaki ba. Shi labarin ɓatan lokaci da "wai" yake farawa, ana ba da shi a matsayin abin da ya faru ga wani, a wani gari da ake iya ambata. Ƙarfinsa duka yana ga cewa duniyar da mutumin ya baro ita ce tamu, mai takaba da gado da furfura.

4.0 Yadda Bahaushe Yake Ƙirga Lokaci

Manyan kalmomin da muke amfani da su yau wajen maganar lokaci, da yawansu aro ne. Lokaci da zamani da sa'a daga Larabci suke, haka ma sunayen ranakun mako. Agogo daga Yarabanci aka samo shi, sati kuwa daga Ingilishi. Idan aka ɗebe waɗannan, abin da zai rage shi ne tsohon tsari, kuma shi ne ya shafi wannan nazari.

A cikin tsohon tsarin, muhimman kalmomin suna aiki a matsayin suna, suna kuma aiki a matsayin aikatau. Ana cewa kwana uku, ana kuma cewa ya kwana a Rano. Ana cewa wuni guda, ana cewa ta wuni a gona. Ana cewa shekara goma, ana cewa ya shekara a Kibiya. Watau a wurin Bahaushe lokaci abu ne da mutum yake yi, kuma a wani wuri yake yin sa. Har ila yau ma'aunin farko shi ne kwana, kalmar da ta haɗa barcin dare da cikar yini. Ran mutum ma da shi ake auna shi, shi ya sa ake cewa wane yana da sauran kwana, ko kuwa kwanansa ya ƙare. Kuma harshen ya riga ya saba da sakin ƙirga, domin wanda aka yi wata shida ba a gani ba "kwana biyu" ake ce masa.

Daga nan za a gane dabarar labarin. Mutumin ya farka ya ga rana ba ta gusa ba. Dare bai yi ba, don haka bai kwana ba, wanda bai kwana ba kuwa ba shi da abin ƙirgawa. A can gida mutane suna kwana suna tashi, kwanakinsu suna taruwa su zama shekaru, shi kuwa yana cikin wuni ɗaya.

Ma'auni na biyu shi ne shekarar manomi: bazara da damina da kaka da hunturu, da kuma rani wanda ya game watannin da babu ruwa. Wannan ƙirga da ido ake yin ta. Zuwan shamuwa yana nuna damina ta kusa, bushewar ciyawa tana nuna kaka ta yi, hazo yana nuna hunturu. Bara da bana da baɗi da amfanin gona ake tuna su. Abin da ya kamata a riƙe shi ne duk waɗannan alamomi a tudu ake karanta su.

5.0 Me Ya Sa Fadama?

5.1 Fadama ba ta bin shekarar tudu

A watan Maris, lokacin da tudu ya zama fari fat, karan dawa ya ƙare, dabbobi suna lasar ƙasa, mutum yana gangarawa fadama sai ya tarar da kore shar, ga rake a tsaye, ga danshi a ƙafa. Tafiyar 'yan taƙi ce ta fitar da shi daga rani ta kai shi wani abu mai kama da damina. Wanda da ciyawa da ƙasa yake gane watan da ake ciki, idan ya tsaya a tsakiyar fadama alamominsa sun daina yi masa aiki. Wannan shi ne tushe na farko, kuma kowane yaro da ya taɓa kai abinci lambu ya san shi.

5.2 Halittun da suke dakatar da kwanansu

Tushe na biyu yana ga halittun wurin. Gaiwa kifi ce mai shaƙar iska. Idan ruwa ya janye takan nutse cikin laka, ta lulluɓe jikinta da yauƙi wanda zai bushe ya zama kamar kwanso, ta bar 'yar ƙofar numfashi, ta zauna haka wata da watanni ba ci ba sha har ruwa ya dawo. Hausawa kan ce jikinta take ci, kuma binciken masana halittu ya tabbatar da cewa da naman jikinta take rayuwa a wannan hali. Mai haƙar laka da rani yakan tono ta da ranta daga busasshiyar ƙasa. Kwaɗi ma sukan ɓace rani duka, ruwan farko yana sauka su cika dare da kuka. Ga kuma gawo, itacen da yake zubar da ganye da damina ya yi sabo da rani, saboda saiwarsa tana kaiwa ga ruwan ƙarƙashin ƙasa. Wanda ya tashi yana ganin waɗannan ba zai yi wuyar yarda cewa akwai wurin da rai kan tsaya cik alhali duniya tana tafiya ba.

5.3 Ciwon barci

Tushe na uku ya fi sauran ɗaci. Ƙudan tsando, mai yaɗa ciwon barci, a duhuwar bakin ruwa yake zaune. Ɗaya daga cikin alamomin wannan ciwo idan ya yi nisa ita ce rikicewar barci: maras lafiya ya yi ta gyangyaɗi da rana, da dare kuma ido biyu, hankalinsa yana gushewa a hankali. A shekarun 1930 annobar wannan ciwo ta yi tsanani a Arewacin Nijeriya, har gwamnatin mulkin mallaka ta kafa shirin Anchau a arewa maso gabashin ƙasar Zazzau, wadda ke maƙwabtaka da kudancin Kano. An sassare kurame a bakin rafuka, aka tashi mutane, aka gina sabon gari mai suna Takalafiya. Ba ana nufin ciwon ne ya haifi labarin ba, domin jigon ya girmi wannan annoba. Abin da ake nufi shi ne al'ummar da ta ga mutum ya je bakin ruwa lafiya lau, ya dawo dare da rana sun cakuɗe masa, tana da dalilin da zai sa ta riƙe irin wannan labari da muhimmanci, ta kuma tsoratar da 'ya'yanta da shi.

6.0 Sawun Jigon a Tarihi da Addini

Danganta wurin ruwa da sarrafa lokaci tsohon abu ne a ƙasar Hausa. Tarihin Kano, wanda H. R. Palmer ya buga fassararsa ta Ingilishi a 1908, ya ba da labarin wani kurmi a Jakara da ake kira Kurmin Baƙin Ruwa, a zamanin Barbushe da Tsumburbura. Bisa ga wannan ruwaya, kurmin shiru yake ba ya motsi, sai idan wata masifa tana tafe, sa'an nan ya yi ƙara, hayaƙi ya tashi daga tsakiyar ruwan, mutane su yi yanka. Watau wuri ne da gobe take riga isa kafin ta iso cikin gari. A wannan yanki ne aka kafa Kasuwar Kurmi a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, kuma sunan kasuwar ne kaɗai ya rage yana tuna da kurmin. A Daura ma, labarin Bayajida ya nuna macijin rijiyar Kusugu ba ya barin a ɗebi ruwa sai ranar Juma'a, watau mai ruwan shi ne yake yanka wa gari ranakunsa. A bori kuwa akwai Sarkin Rafi a cikin manyan iskoki, akwai kuma Jangare, birnin iskoki wanda ido ba ya gani. Garin da mai neman saniya ya tarar a cikin duhuwa ɗan'uwan Jangare ne.

Musulunci ya zo da ƙissoshin da suka ba jigon sabon ƙarfi. Suratul Kahfi, wadda Hausawa da yawa kan karanta ranar Juma'a, ta ba da labarin samarin da suka yi shekara 309 a kogo, suka farka suna zaton wuni ɗaya suka yi ko sashensa, suka aiki ɗayansu da kuɗin azurfa ya sayo abinci. Malaman tafsiri sun bayyana cewa tsufan kuɗin ne ya tona asirinsu. A Suratul Baƙara kuma akwai wanda aka matar da shi shekara 100 aka tashe shi, abincinsa bai lalace ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Da wuya a ce shaidar kuɗi da ke cikin labarinmu ba daga majalisin tafsiri ta shigo ba. Sai dai akwai bambanci babba. A ƙissoshin nan dakatar da lokaci aya ce ta ikon Allah, kuma ga mutanen kogo tsari ce daga azzalumi. A labarin fadama kuwa hasara ce, sakamakon keta doka da karɓar abin hannun wanda ba a sani ba.

7.0 Rubutaccen Adabi da Sauran Al'ummu

Gasar ƙagaggun labarai da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933 ta fito da littattafai biyu da suka taɓa wannan fage. A Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, ruwan da ake nema yana wani wuri da ba a kai masa sai da taimakon aljannu, kuma neman ya ci wa tauraron shekaru masu yawa. A Ganɗoki na Bello Kagara, jarumin ya yaƙi Turawa, ya bar ƙasa ya shiga duniyar aljannu, ya dawo ya tarar zamani ya juya. A nan marubucin ya ɗauki tsohuwar surar mai dawowa ya ɗora mata nauyin tarihi, domin abin da ya sauya ƙasar a bayan Ganɗoki mulkin mallaka ne.

Jigon kuma ba na Hausawa kaɗai ba ne. E. S. Hartland ya keɓe masa babi-babi a littafinsa na nazarin labaran aljannu na 1891, Stith Thompson kuma ya ba shi lamba F377 a kundinsa na jigogin adabin baka. A Japan akwai masunci Urashima Taro wanda ya ziyarci fada a ƙarƙashin teku ya dawo bayan ɗaruruwan shekaru. A Ailan akwai Oisin wanda ya yi shekara 300 a ƙasar ƙuruciya. A Amurka Washington Irving ya wallafa labarin Rip Van Winkle a 1819, wanda ya sha abin sha a kan dutse ya yi barcin shekara 20. Abin da kwatancen yake koya mana shi ne kowace al'umma tana ajiye ƙofar wannan duniya a inda ƙirgarta ta saba tsayawa. Mutanen tsibiri sun sa ta a teku. Manomin gero, wanda shekararsa rabi kore ce rabi fari, ya sa ta a wurin da ba ya bushewa.

8.0 Tiga: Ranar da Almara Ta Zama Gaskiya

Tsakanin 1971 da 1974, a zamanin Gwamna Audu Baƙo, aka gina madatsar ruwa ta Tiga a kan Kogin Kano, ba nisa da Rurum. Tafkin da ya taru ya rufe fili mai faɗin kusan murabba'in kilomita 178, kuma an tashi dubban mutane daga garuruwansu da gonakinsu. Daga Tiga ruwa yakan bi babbar hanyar da aka gina masa, ta Ruwan Kanya a ƙasar Rano, zuwa gonakin noman rani na Kadawa da Kura da Bunkure.

Wannan aiki ya taɓa jigonmu ta fuska uku. Ta farko, ya kai halin fadama kan tudu. Inda dā ake zaman rani ko tafiya cin rani, yanzu ana shuka alkama da tumatir da shinkafa, kore da rani ya daina zama abin mamaki. Ta biyu, ya rage fadamun asali. Waɗanda ke cikin kwarin sun nutse, waɗanda ke can ƙasa kuwa, musamman a dausayin Haɗeja da Nguru, ambaliyar da take ciyar da su ta ragu, ciyawar kacalla kuma ta toshe hanyoyin ruwa da yawa. Ta uku, wadda ta fi shafar adabi, ya samar da mutanen da labarin ya faru a kansu ido biyu. Wanda ya bar wannan yanki a 1970 ya dawo a 1975 zai iya tsayawa a bakin ruwa ya nuna da yatsa inda gidansu da kushewar kakanninsa suke, alhali babu abin da ake gani sai igiyar ruwa. Bai sha furar kowa ba, bai keta doka ba, amma abin da ya sami mai neman saniya ya same shi.

Abin mamaki kuma shi ne a daidai lokacin da fadama take ƙaranci a ƙasa, sunanta ya yi nisa a duniya. Daga farkon shekarun 1990 Gwamnatin Tarayya da Bankin Duniya suka gudanar da shirin bunƙasa noman rani mai suna Fadama, har kalmar ta shiga takardun hukuma a jihohin da ba a jin Hausa. Amma fadamar takarda fili ce da injin ban ruwa. Babu kurmi a cikinta, babu dokar rana tsaka, babu mutanen ɓoye.

9.0 Kammalawa

An yi ƙoƙari a wannan maƙala a nuna cewa fadamar da kwana ba ya ƙirguwa a cikinta, ko da yake ƙagaggiya ce, da kayan gida aka gina ta. Harshe ya ba da kwana a matsayin ma'auni, ƙasa ta ba da wurin da ba ya bin rani da damina, gaiwa da gawo da ƙudan tsando suka ba da misali, tarihi da tafsiri kuma suka ba da sura da shaida. Saƙon labarin kuwa shi ne mutum ba shi da lokaci nasa shi kaɗai. Da jama'a ake kwana, da su ake shekara, wanda ya fita daga ƙirgarsu ko ya dawo da ransa ya zama baƙo a gidan ubansa.

Akwai aiki a gaban malamai da ɗalibai masu neman manyan digirori. Waɗanda suka san kwarin Kogin Kano da wayonsu kafin 1974 yanzu duk sun haura shekara 60, kuma a bakinsu sunayen fadamu da kurame da tafkunan da suka nutse suke. Ya kamata a je Rurum da Rano da Kibiya da garuruwan da aka sake wa matsuguni a ɗauki waɗannan labarai, a rubuta sunan kowane wuri da abin da ake hanawa a cikinsa, da lokacin da ake ba da labarin, da kalmar da mai bayarwa ya buɗe da ita, a kuma lura da irin kuɗin da ya sa a aljihun ɓataccen. Frank Edgar ya tara tatsuniyoyi da labarai har juzu'i uku tsakanin 1911 da 1913, shi ya sa muke iya jin muryar mutanen wancan zamani. Idan mu ba mu yi namu ba, ɗalibin da zai zo neman waɗannan labarai nan da shekara 20 zai tambayi sunan fadama a ce masa ba a taɓa jin ta ba.